Rigar da Kurdawa Suka Cire Mini

Gidanmu a unguwar Shisha, cikin Makka, hawa biyu ne, a jikin dutse yake, masu tasi ba sa son hawowa layinmu sai an haɗa su da Allah. Mu muna sama, ni da maigidana da 'yarmu. Ƙasan kuwa ɗanmu muka gyara wa, domin in ya yi aure ya zauna kusa da mu. An yi fenti, an sa labule, har na'urar sanyaya ɗaki an ɗaura. Matar ce kawai ba a kai ga samowa ba, don yaron ya cika zaɓe. Duk wadda na nuna masa sai ya yi dariya ya ce, "Ummi, ba yanzu ba."

A hanyar Jidda ya rasu, babbar mota ce ta bi ta kan tasa. Da hantsi aka bugo waya, ina tsaye a kicin ina yanka albasa, sanye da wata doguwar riga ta zaman gida mai ruwan ƙasa. Washegari bayan la'asar aka sallace shi a Harami tare da wasu mamatan da ban san su ba, maza suka ɗauke shi suka tafi. Mu mata a nan ba ma zuwa maƙabarta, kuma ko an je babu abin gani, ƙananan duwatsu ne a jere, ba suna ba alama. Da na tambayi mahaifinsa ta ina aka sa shi, ya ce ta wajen katanga, sannan ya ce shi ma ba lalle ne ya gane wurin ba idan ya koma.

Aka jera kujeru a ƙofar gida, aka yi kwana uku ana shan gahawa ana cin shinkafa. Duk wadda ta shigo sai ta riƙe hannuna ta ce ai ya yi sa'a, wa ya samu irin wannan, sallah a Harami, kwanciya a ƙasar Makka. 'Yan uwa daga Kano ma da suka bugo haka suka yi ta faɗa. Na yarda da su, har yau na yarda. Na ce amin, na ce alhamdulillahi. Da kwanakin suka cika masu kujeru suka zo da motarsu suka kwashe kayansu, shi ke nan an gama.

Ban yi kuka ba. Kada wani ya yaba mini, ba jarumta ba ce. Na zauna ina jiran kukan ya zo, bai zo ba, har na daina jira. Abin da ya zo wani irin shiru ne a jiki. Abinci ya daina ɗanɗano, zafi da sanyi suka zama ɗaya. Ni da aka sani da baki a layin nan, wadda mai kayan miya ke gyara tsayuwa idan ya hango ni, sai ga shi ana ba ni ruɓaɓɓen tumatir ina karɓa ina godiya. Rigar nan mai ruwan ƙasa kuwa ban sake sa wata ba a cikin gida. In ta yi datti in wanke, in zauna da abaya har ta bushe, in mayar da abata, zafin Makka ba ya ɓata lokaci wajen shanya. Ban taɓa ce wa kaina makoki nake yi ba. In na buɗe wajen kaya hannuna ne kawai ba ya zuwa kan wata.

An riga an yi wa 'yarmu baiko kafin rasuwar. Aka ɗaga bikin, kowa ya fahimta. Shekara ta zagayo aka sake ɗagawa, wannan karon ba kowa ya fahimta ba. Ba ni na hana ba, duk wanda ya tambaye ni cewa nake, "Duk yadda kuka yi daidai ne." Yarinyar ce ta kafe. Hausarta ba ta da yawa, rabin maganarta Larabci ne kamar sauran sa'o'inta, amma ranar da Hausa ta faɗa mini don in ji da kyau.

"Ummi, wallahi ba zan shiga wajen biki ke kina zaune kamar hoto ba. Sai ranar da kika ɗauki waya da kanki kika sa rana. Halas."

Na ce to. Dangin yaron da zai aure ta mutanen kirki ne, amma uwarsa ta fara cewa ɗanta ba ƙarami ba ne. Ina gani da idona auren 'yata yana zamewa, na kuma san abin da ake jira daga gare ni, amma ganin bai motsa ni ba. Kamar a talabijin nake kallo.

Gab da azumi maigidana ya ce zai ba da gidan ƙasa haya. Yana da shago a Jarwal, tasbaha da dadduma da turare. A can ya haɗu da wani Bakurde daga arewacin Iraƙi wanda ya kawo mahaifiyarsa da matarsa Umara. Suna so su yi watan gaba ɗaya, tsohuwar kuma ta rantse ba za ta zauna a otal ba, inda ba a barin mutum ya dafa abincinsa. Yana faɗa mini yana kallon ƙasa, yana jiran in tayar da faɗa, don tun rasuwar ba wanda ya buɗe ƙofar nan. Na ce masa duk yadda ya yi.

Ta taga na ga isowarsu. Mutumin dogo ne mai gashin baki, da wando buje da ɗamara mai faɗi naɗe a ciki. Matarsa tana biye da shi. Tsohuwar gajeriya ce, baƙaƙen kaya tun daga kai har ƙafa, wanda a Makka ba abin kallo ba ne. Abin kallon kayansu ne. Tun ina yarinya nake ganin alhazai iri-iri, mutanenmu ma ba baya ba ne wajen tahowa da kuka da daddawa da garin tuwo, amma waɗannan sun fi mu. Ta mota suka zo, kuma kamar ƙauyen suka ɗauko gaba ɗaya. Buhun fasasshiyar alkama, jarkar zuma, busasshen ɓaure a zare, cuku, zabibi, gurasa mai faɗi siririya an jera ta kamar takardu. Sai wata tukunyar shayi mai hawa biyu da tsohuwar ta rungume a ƙirji ta hana kowa taɓawa.

Ranar azumin farko, ana gab da kiran magariba, aka buga mana ƙofa. Surukar tsohuwar ce ɗauke da babban faranti, ganyen inabi da albasa da yalo an cusa musu shinkafa da nama, ga tsami yana tashi. A tarbiyyar da aka yi mini, mai gida ke aika wa baƙo abinci, ba baƙo ke aika wa mai gida ba. 'Yata ta ji kunya, ta soya sambusa ta cika farantin ta mayar. Washegari ya dawo, ya fi na jiya tudu. Ta ƙara da miyar shorba, suka ƙara da zuma da cuku. Haka aka yi ta yi har yarinyar ta ce ta sallama, ba a gasa da mutanen nan. Ni dai ina kallon farantin yana shiga yana fita, dabino da ruwa nake buɗa baki da su.

Wata rana da yamma tsohuwar ta hawo da kanta, tana dafa bango tana haki. Ba ta jin Larabci sai na sallah, Hausa kuwa ba a magana. Ta tarar da ni a falo ni kaɗai, maigidan yana shago, 'yata tana kicin. Ta dube ni, ta dubi dabinon da ke gabana, ta faɗi wani abu da yarensu wanda ban buƙaci fassararsa ba, ta kama wuyan hannuna. Hannun nan nata na mai noma ne, kaushi da ƙarfi. Ban yi gardama ba, don gardama ma sai da ƙarfin jiki.

Haka na shiga gidan ɗana karon farko tun rasuwarsa, a matsayin baƙuwa. Sun ture kujerun jikin bango, sun yi shimfiɗar cin abinci a ƙasa. Labulen da na zaɓa da hannuna yana nan. Na tsaya na dube shi, na jira in ji wani abu, ban ji ba. Ɗan tsohuwar ya miƙe tsaye da ya gan ni, ya dafa ƙirji, sannan ya ɗora yatsunsa a kan idonsa. Matarsa, wadda ke jin Larabcin Iraƙi muna lallaɓawa da shi, ta ce haka suke yi wa baƙo maraba, wato a kan idonsu ya sauka. Ya yi sallama ya wuce masallaci ya bar mana wurin. Suka kai ni can ƙurya nesa da ƙofa, suka jera mini matasai a baya.

Na ce wa surukar, "Gaya wa Hajiya gidan nan nawa ne. Ni ya kamata in yi muku hidima."

Ta fassara. Tsohuwar ta ba da amsa ko ɗago kai ba ta yi ba, tana yayyafa wa gurasa ruwa don ta yi laushi.

"Daye ta ce ta sani, bangon naki ne, amma tukunyar tata ce. Ki ci abinci."

Daye suke kiranta, wato Inna. Na ci, don ta tsare ni da ido, duk lomar da na kai baki sai ta turo wata gabana. Bayan sallah aka kawo shayi a 'yan ƙananan kofunan gilashi masu siririn ƙugu, baƙi wuluk, sukari kwance a ƙasa. Na shanye na ajiye, ta cika. Na sake shanyewa don kada in bar mata saura, ta sake cikawa. Ban san iya adadin da na sha ba, cikina dai ya fara ƙugi, sai surukar ta fashe da dariya, ta ɗauki ɗan cokalin ta gitta shi a bakin kofin. Ashe in ba ka yi haka ba, har gobe ba za a daina zuba maka ba.

Daga ranar ya zama kullum. In na ƙi saukowa ta hawo, kuma ganin tsohuwa tana fama da matakala ya fi saukowar wuya. 'Yata ma ta riƙa bin mu. Tsakanin shan ruwa da isha tsohuwar takan karɓi wayar surukarta ta matso kusa da ni, kafaɗa da kafaɗa, ta nuna mini abin da jikokinta suka turo daga gida. Watan ya dace da lokacin da ƙasarsu ke fitowa daga sanyi. Takan yi ƙorafi wai ɗanta bai tashi kawo ta ba sai a watan da bai kamata mutum ya bar gida ba, sannan ta tuna inda take ta yi istigfari.

A cikin duwatsu aka haife ni. Duwatsun Makka baƙaƙe ne, tsirara, in rana ta dake su har bayan ta faɗi suna huci. Ban taɓa sanin dutse yana sa tufafi ba sai a wayar nan. Nasu kore ne shar tun daga gindi, ciyawa na kwanciya in iska ta bi ta kanta, can ƙololuwa kuma fari fat da ƙanƙarar da ba ta gama narkewa ba. Ruwa yana ɓullowa daga haƙarƙarin dutse yana zubowa ƙasa da ƙara, ba famfo ba bututu, ba kuma wanda ke tsaye yana tara, mu da muke zaman jiran motar ruwa a layinmu. Ta nuna mini gonar alkama da jajayen furanni suka cika, da itatuwan da suka yi fure fari tun ganye bai fito ba, da garken tumaki yana gangarowa ta wata siririyar hanya. Akwai wani farin fure mai rawaya a tsakiya, nargis suke ce masa, yara na ɗaure shi dami-dami suna miƙa wa masu mota a bakin titi. In ta zo kansa sai ta kai wayar hancinta ta shaƙa, ta rufe ido, sannan ta miƙo mini in shaƙa. Nakan shaƙa don kada ta ji ba daɗi, ƙamshin albasar hannunta nake ji.

Ranar Juma'a, in ji surukar, ba mai zama a gida. Kowa ya kwashi iyalinsa da tukwanensa a hau dutse, a yi shimfiɗa a bakin rafi, a tsoma kwalaben sha a ruwan su yi sanyi da kansu. Duk wanda ya gitta ta gaban shimfiɗarka, ko ba ka taɓa ganinsa ba, sai ka kira shi, kuma in ya ƙi zama ya ci mutuncinka. Ta nuna mana na bara. Mata cikin dogayen riguna masu walƙiya, ja da kore da ruwan zinariya, sun jeru sun saƙala yatsu, kafaɗu na hawa na sauka tare, ta gaba tana kaɗa ƙyalle a sama.

'Yata ta riƙe baki. "Mashallah! Ummi, shufi, dubi!"

Na ce mashallah. Na san kyau ne, idona ya gaya mini kyau ne, kamar yadda mutum ke karanta farashi a jikin kaya. A gefen masu rawar, ƙarƙashin wata bishiya, na hango mace ɗaya cikin baƙaƙen kaya tana zaune kusa da tukunyar shayi. Ita ce. Na gani, ban tambaya ba.

Ita ce ta tambaya. Wata rana ta kama gefen rigata da yatsu biyu ta murza, ta juya wajen 'yata ta yi magana. Surukar ta ce Daye tana so ta san me ya sa kullum wannan. Yarinyar ta dube ni, na kawar da kai, sai ta faɗa musu komai, har da cewa ɗakin da muke zaune na wane ne. Tsohuwar ta saki gefen rigata. Ta bi bangon da kallo, ta dubi labulen, ta dubi ƙofar ɗakin kwana. Ina jiran ta ce ya yi sa'a, amin ɗina yana bakina. Ba ta ce ba. Ta ɗauke cokalin da na gitta a kofina ta sake cika shi.

Bayan 'yan kwanaki suka hawo da la'asar su biyu, sun yi shiga tsaf kamar masu zuwa neman aure. Suka zauna a gabana, tsohuwar ta ɗaga hannu aka yi fatiha, sannan ta ɗora mini wani ƙunshi a cinya. Ta gefen ledar na hango yadi ne kore mai furanni. Na yi abin da uwata ta koya mini. Na karɓa da hannu biyu, na yi godiya, na sa albarka, na ce har da wahala haka. A wurinmu ba a warware kyauta a gaban mai ita kamar wanda bai taɓa gani ba, don haka na tashi na kai ɗaki na ajiye. Da na dawo na ga fuskar tsohuwar ta sauya. Ta dubi surukarta, ta girgiza kai a hankali, suka yi sallama suka sauka. Na ce a raina wataƙila azumi ne ya taɓa ta.

Da aka shiga goman ƙarshe suka sake hawowa, da irin shigar, da irin fatihar, wannan karon yadin shuɗi ne. Na sake godiya, na sake kaiwa ɗaki. Da maigidana ya dawo na ce masa, "Malam, Kurdawan nan naka so suke su buɗe mini shagon yadi a Shisha." Ya ɗago da sauri ya dube ni, don ya daɗe bai ji irin wannan daga bakina ba. Ya jira ko akwai saura, babu.

A cikin kwanakin ne uwar yaron da zai auri 'yata ta zo gaishe ni. Mace ce mai sanyin magana, ta daɗe tana zagaye kafin ta iso. Ta ce yaron zai tafi aikin alhazai a Mina in lokacin ya zo, suna so kafin nan a san matsaya. In da hali bayan Sallah su ji daga bakina, in kuma babu hali ba komai, Allah ya haɗa kowa da rabonsa, zumunci yana nan. Na gane sarai, wannan ita ce ta ƙarshe. Na ce mata in sha Allahu. Da ta tafi 'yata ta shige ɗaki ta rufe ƙofa, ina jin kukanta ta bango. Na ce wa kaina ya kamata in tashi in je. Na yi ta faɗa wa kaina haka ina zaune har aka kira magariba.

Washegarin Sallah da hantsi suka hawo na uku, jibi za su kama hanya. Yanzu ba yadi ba ne, riga ce ɗinkakkiya irin tasu, ja kamar cikin rumman, da hannuwa masu dogon jela. Tsohuwar da kanta ta ɗinka, da zare da allura, ta auna ni da ido. Aka yi fatiha, na yi godiya, na yunƙura zan kai ɗaki. Sai ta cafke wuyan hannuna ta mayar da ni zaune, ta shiga magana da ƙarfi, doguwar magana, jijiyar wuyanta na tashi. Surukar ta fassara.

"Ki yi haƙuri, Hajiya. Daye ta ce sau biyu kin ƙi, ta girmama ki ba ta matsa ba. Amma yanzu tafiya za ta yi. Tana tambaya, har yaushe?"

"Na ƙi me?"

Suka dubi juna. Surukar ta ce, "Cire makokin."

Sai ta yi mini bayani, tana mamakin wai ban sani ba, don ita a zatonta duk duniya haka ake yi. A wurinsu wadda aka yi wa rasuwa ba ta cire kayan makoki da hannunta, in ta cire da kanta kamar ta ce ta manta ne. Maƙwabta ne ke haɗuwa su sayo sabon kaya mai launi, su zo su yi addu'a, su roƙe ta, su cire mata. In ta karɓa ta ajiye ba ta sa ba, to ta ce ba yanzu ba ke nan, sai a tafi a ba ta lokaci.

Na ce, "Ni na ɗauka tsaraba ce."

Ba wanda ya yi dariya. Sai na ji raina ya ɗan ɓaci, abin da na kwana biyu ban ji ba. Na ce, "Gaya mata ni ba makoki nake yi ba. Makoki kwana uku ne, haka addini ya ce, mun yi mun gama, an kwashe kujeru. Wannan riga ce kawai."

Aka gaya mata. Ba ta yi musu da ni ba. Ta karɓi wayar ta daɗe tana nema, ta miƙo mini. Kabari ne a gangaren dutse, an zagaye shi da farin dutse, furanni masu ruwan shuni sun tsiro a kansa, bishiya ta yi masa inuwa, a bayansa kwari ne kore har iya ganin ido. Ɗanta na fari ne. Ya hau dutsen nan a irin wannan lokaci ya tsinko musu wani ganye da suke miya da shi, ya taka nakiyar da aka binne tun zamanin yaƙi. A cikin ciyawar nan mai kyau da take nuna mini kullum.

Tana magana, surukar na bi a hankali. Da shekara ta cika maƙwabta suka zo mata da kaya, ta ajiye. Suka dawo da Sallah, ta ajiye. Suka sake dawowa wata shekarar. Daga nan suka daina, don kada su dame ta. Duk sauran 'ya'yanta sanye da baƙaƙen kaya ta aurar da su. Ranar auren autarta ba a buga ganga ba saboda ita, aka kai amarya shiru kamar an kai mara lafiya, kuma yarinyar ba ta taɓa ganin uwarta cikin wani launi ba tun da ta yi wayo. Ta ce a lokacin gani take amana take riƙe wa mamaci. Shi bai dawo ba, masu rai kuma suka saba da ita a haka, suna zagaye ta suna harkarsu kamar yadda ake zagaye turmi a tsakar gida.

Ni kabarin nake kallo. Abin da na ji hassada ce, ƙarama, amma na gane ta. Na ce, "Ke ai kina da inda za ki je ki zauna."

Ta ce tana zuwa duk Alhamis, ta share, ta ba furen ruwa. Ta ce ƙasa ce da fure, ba ta taɓa samunsa a can ba.

Ta dafa gwiwa ta miƙe, ta tsaya a kaina, ta kama wuyan rigata da hannu biyu tana salati. Ban yanke shawarar komai ba. Hannuwana ne suka ɗaga da kansu, irin yadda yaro ke yi in za a yi masa wanka. Ta zare ta ta kaina, sanyin ɗakin ya bugi kafaɗuna. Suka zura mini jar, surukar ta ɗaure jelar hannuwan ta baya. Yadin yana da ƙyalƙyali mai kaushi, yana sukar wuya, kuma ta matse ni a hammata, awon ido bai cika daidai ba. Tsohuwar ta sumbaci goshina. Sannan ta naɗe tsohuwar rigar ta danna a hammatarta ta nufi ƙofa.

"Bar mini ita," na ce da Hausa, da muryar da mai kayan miya ya sani. "Ke, bar mini kayata!"

Ta juyo ta ce a'a da yarensu, ta ƙara matse ta. Na bi su har bakin matakala. Na tsaya a nan, ban ƙwace ba. Na ce wa surukar, "To ita fa? Wa zai cire mata nata?"

Ba ta ma tambaye ta ba, ta san amsar. Ta rage murya ta ce sa'o'in Daye da suka zo mata a wancan lokaci duk sun rasu, suna kwance kan dutsen nan yanzu, yaro kuma ba ya cire wa babba. Tsohuwar ta riga ta fara sauka, ƙafa ɗaya sannan ɗayar, tana dafa bango.

Da na koma ciki na tarar da 'yata tsaye a ƙofar ɗakinta, idanunta a kumbure, ta toshe baki da hannu. Na san rigar ba ta yi mini kyau ba, ba sai an faɗa mini ba. Ta ce, "Ummi," ta kasa ƙarasawa. Na ce ta nemo mini lambar uwar yaron. Sai da ta yi kuskure ta sake, sannan ta miƙo mini tana ta kallon bakina.

Ba zan yi ƙarya in ce wani abu ya buɗe a ƙirjina ba. Shirun yana nan inda yake, rigar kuma tana ta sukar wuyana. Matar ta ɗauka. Na yi mata sallama, na yi mata barka da Sallah, na tambayi mutanen gida, sannan na ce ta duba mana wace Juma'a ce ta fi musu sauƙi kafin a fara shirin Mina.